Fensirin Baba a Kan Jawabin Oga

Shekara biyu na yi a rajista, ɗakin ajiye fayil da ke ƙasan benen ma'aikatarmu a Garki, kafin wani ya tuna cewa digirina a Turanci na yi shi. Ɗaki ne mai taga ɗaya, ita ma kabad ta cinye rabinta. Aikina in karɓi fayil, in buga masa hatimi, in rubuta lamba, in miƙa. Kullum sai na baro Kubwa ana idar da sallar asuba, in yi kokawar shiga motar ma'aikata, in sha cunkoso har ƙafata ta yi tsami, don kawai in zo in zauna da takardun da suka girme ni. Idan 'yan gidanmu suka bugo waya suka ce yaya Abuja, sai in ce alhamdulillahi, muna nan muna ta riƙe da gwamnati.

Ana nan sai aka yi wa mai rubuta wa daraktanmu jawabi canjin wurin aiki. Washegari aka ce Oga yana nemana a hawa na uku. Na hau ina haki, ina ta gyara mayafi.

Oga dogon mutum ne, ɗan arewa, ya yi karatu har ƙasar waje, kuma Allah ya jarabce shi da son manyan kalmomi. Idan jawabi bai sa mutane sun kalli juna ba, a wurinsa ba a yi jawabi ba. Bai ma ce in zauna ba.

"Malama, an ce kin karanta English. Ni ba na son jawabi mai ruwa-ruwa, ina son in ji nama a ciki. Zan gwada ki da jawabi uku, three speeches. Idan na tsaya gaban jama'a ban ji kunya ba, kujerar ta zama taki. Otherwise, rajista tana nan, ba ta je ko'ina ba."

Na ce, "In sha Allahu, Yallaɓai." A raina kuwa cewa nake, ko da kura ce a kujerar nan sai na zauna. Ofishin mai rubuta jawabin yana da na'urar sanyaya ɗaki da taga biyu, ana hango duwatsu daga ciki. Na riga na yi wa rajista ban kwana a zuciyata.

Tsarin aikin shi ne, idan na gama rubutu sai in kai wa Baba. Baba tsohon mai buga takardu ne, tun zamanin tafireta yake ma'aikatar, kuma saura masa 'yan watanni ya yi ritaya. Gajere ne, da furfura a gemu, kullum cikin farar jamfa da hula zanna wadda ta sha wanki. Teburinsa yana lungu kusa da ƙofar Oga. Ba ya yawan magana, kuma ban taɓa jin ya haɗa jimlar Turanci biyu a jere ba. Shi zai shirya jawabin a kwamfuta da manyan baƙaƙe, ya bar fili tsakanin layi da layi, ya buga. Daga nan sai ya ja ƙofar lungunsa, ya fere fensir da reza, ya duƙufa a kan takardar kusan awa guda. Idan ta fito, sai ka ga ƙananan rubutun Larabci nan da can a saman layuka, wani kuma a gindin shafi.

Na tambayi abokiyar zamana a ofis, wadda ke kula da tsare-tsaren taro kuma take riƙe wa Oga jakar jawabi. Bayarabiya ce, ta daɗe a Abuja, Hausarta tana gudu ba birki, kuma kowa "kai" take ce masa, mace ko namiji. Ta rage murya.

"Wannan Baba, ka bar shi kawai. Addu'a ne yana rubuta ma Oga. Tun da na zo wannan ofis, Oga bai taɓa stammer ba, not once. Kar ka taɓa paper ɗin da hannun hagu ma."

Ashe haka kowa ya ɗauka a ma'aikatar. Waɗanda ba sa karanta Larabci suna tsoron rubutun, mu da muka yi Islamiyya kuma muna kawar da kai, don ba a leƙa sirrin malami da mutuminsa. Ni nawa kawar da kan ba na ladabi ba ne zalla, akwai raini a ciki. Na ce yanzu a ce mutum da digirorinsa sai an yi masa rubutu kafin ya karanta shafi huɗu?

Jawabin farko na bikin buɗe wani taron bita ne. Dabarar da na yi mai sauƙi ce: in rubuta magana da Turancin mutane, sannan in bi kowace kalma in nemo 'yar'uwarta mafi ƙiba a kwamfuta in musanya. Na zuba masa indefatigable, na ƙara da concomitant, na rufe da propinquity. Na kai wa Baba. Ya karanta, ya ɗago ya dube ni ta saman gilashinsa, ya ce, "Sannu da ƙoƙari, Malamar Turanci." Ya ɗauki rezarsa.

Ranar taro Oga ya karanta jawabin nan tamkar da kalmomin aka yaye shi. Mutane suka kalli juna, suka yi tafi. Ni kuwa ina bayan ɗaki kaina ya kusa taɓa silin. Abokiyar zamana ta zungure ni ta ce, "Ka gani? Baba ya yi aiki." Wannan magana ta ƙona mini rai. Ni na yi kwana uku ina rubutu, amma yabon ya tafi wurin fensir.

Jawabi na biyu ya fi girma, a wani otal za a yi shi, da baƙi daga wasu ma'aikatu da 'yan jarida. Na ce wannan karon sai sun san an yi karatu. Na tono kalmomin da ni kaina sau ɗaya na taɓa ganinsu a littafi. Na ce shirinmu na tallafi har yanzu inchoate ne, tsofaffin dokoki sun faɗa cikin desuetude, kuma aikinmu ba eleemosynary ba ne kawai. Baba ya daɗe a lungunsa ranar, har aka kira la'asar.

Da safe muna otal sai labari ya zo cewa babban baƙon ba zai samu zuwa ba, ya turo wakiliya. Dole a canza gaisuwar farko. Abin da ya kamata in yi shi ne in soke suna ɗaya da biro in rubuta wani a samansa. Amma jawabin yana cikin wayata, kuma akwai wurin buga takardu a ƙasan otal ɗin. Na sauka da gudu, na gyara, na sa aka buga mini dukkan shafukan sabbi fil, farare tas. Na sa su a jakar jawabin Oga ba wanda ya gani, takardar Baba kuwa na ninke ta na cusa a jakata. Ba zan yi ƙarya in ce mantuwa ce ba. Da gangan na yi, ina so a gane yau ko rubutuna ne ke aiki ko addu'ar tsoho.

Oga ya hau, ya gyara babbar riga, ya buɗe jakar jawabi. Na ga ya tsaya. Ya juya shafin farko, ya duba bayansa, ya sake juyowa. Ya yi gaisuwa lafiya lau, ya ci sakin layi biyu. Da ya iso inchoate sai ya yi tari ya tsallake ta. Da ya iso desuetude sai ya sha ruwa, ya faɗi wani abu da ba Turanci ba, ba Hausa ba. Zufa ta fara tsattsafo masa a ƙarƙashin hula. Sai ga eleemosynary ta taso. Ya ɗauko ta, ta ƙi. Ya ja da baya ya sake taho mata, kamar mota a taɓo. A karo na uku ya ajiye takardar ya ce, "Charity. I mean charity." Wani ɗan jarida a layin gaba ya sunkuyar da kai kafaɗunsa suna rawa. Wata mata ta ce "eyya" da ƙarfi, kuma wannan eyyar ta fi dariya ciwo.

Abokiyar zamana ta riƙe baki. "Ina paper na Baba? Kai! Ka kashe mu."

Oga bai yi mini faɗa ba, da ma ya yi da na fi samun sauƙi. A bakin mota ya tsaya, bai dube ni ba, ya ce, "Saura ɗaya." Direba ya rufe ƙofa.

A motar komawa Kubwa na samu kujerar taga, ina ta haɗiye kuka. Mun tsaya cik a cunkoso, masu sayar da gyaɗa da ruwan leda suna ta zagaye mu. Na sa hannu a jaka neman hankici sai na ci karo da takardar Baba. Na ce bari dai in ga wace irin addu'a ce wannan da rashinta ya kayar da darakta guda. Na buɗe shafi na biyu, na yi bisimilla, na kai ido kan ƙaramin rubutun da ke saman inchoate. Alif ne da wasali a ƙasa, sai nun da ɗauri, sai kaf. Na haɗa a hankali kamar 'yar ajin farko: in, ko, wet. Na sake karantawa. Na nemi ayar da ta fara da haka na rasa. Na matsa kan ta gaba: des, wi, tyud. Sai ta uku, doguwa, an ja ɗan layi a ƙarƙashin gaɓa ɗaya: e, li, yi, mo, si, na, ri.

Ashe a fili nake yi. Dattijuwar da ke kusa da ni ta ga rubutun Larabci a hannuna, ta ga hawaye a idona, sai ta ɗaga tafin hannu ta ce, "Amin, 'yata, amin. Allah ya yaye miki."

Nan dariya ta ƙwace mini, ina yi ina share hawaye. Ba addu'a ba ce. Ajami ne, Hausar da ake rubutawa da baƙaƙen Larabci, kuma yadda ake furta kowace kalma Baba yake rubutawa. A gindin shafi kuma ga ma'ana nan a taƙaice. Ta farko ya sa "ɗanye, bai nuna ba". Ta biyu "abin da aka daina amfani da shi har aka manta". Ta uku "na sadaka". Abin da ya fi ba ni kunya shi ne, ni mai digirin, a cikin kaina "incot" nake kiran ta farkon tun ina jami'a. Da ni aka tsayar a gaban lasifikar nan, da ban kai inda Oga ya kai ba.

Washegari tun kafin a share ofis na isa lungun Baba. Na durƙusa har ƙasa na gaishe shi, abin da ban taɓa yi ba. Na ajiye takardar a gabansa duk ta yamutse.

"Baba, na karanta."

Ya daɗe yana shafa takardar yana miƙar da ita. "To, a ma'aikatar nan kin zama ta uku da ta sani. Ni, da shi, da ke. Ki riƙe bakinki."

"Baba, ka yafe mini."

"Ni me kika yi mini? Wanda kika tura kogi ba kwalekwale yana ciki." Ya nuna ƙofar Oga da haɓa. Sannan ya ce, "Matsalarki ba wannan ba ce. Ranar Juma'a nake fara hutun ƙarshe. Jawabinki na uku kuma na walimar sallamar masu ritaya ne, ina cikinsu. Ba a nuna wa mutum yabonsa kafin a karanta. Fensirina ba zai hau takardar nan ba."

Na ce ai akwai waya, tana furta kowace kalma idan an danna. Ya ce, "Wayar za ta hau ta tsaya kusa da shi tana raɗa masa?" Na ce to in rubuta masa da boko. Ya girgiza kai. Ya ce baƙaƙen boko su ne suka yaudare shi tun farko, idan ya ga wasu a saman wasu sai idonsa ya rikice, kuma duk wanda ya leƙa zai gane. Amma Oga ya yi allo kafin ya shiga firamare. Idonsa yana faɗawa kan ajami harshensa zai ɗauka, ba sai ya yi tunani ba, don wasali ba ya ƙarya, abin da aka sa shi za a faɗa.

"Kina iya rubutawa?"

"Karatu dai, Baba. Rubutun tun ina 'yar shekara goma rabona da shi."

"Saura sati biyar walimar. Ki zo gida ran Asabar."

Wanda bai san Abuja ba ba zai gane abin da ake nufi da tashi daga Kubwa zuwa Jikwoyi ba. Gari guda za ka ratsa daga wannan kunne zuwa wancan, mota uku da Keke Napep, ka bi ta Nyanya ka sha hayaƙi. Damina ce kuma, unguwar duk taɓo. Gidan Baba ɗaki biyu ne da 'yar rumfa, da bishiyar gwaiba a tsakar gida. Matarsa, wadda nake kira Inna, ta shimfiɗa mana tabarma ta kawo kunun gyaɗa, ta ce, "Allah ya kawo wadda za ta raba ni da jin surutun nan. Shekara talatin ina shan Turancin da ko Bature ba ya yi."

A ofis Baba shiru-shiru ne, a gida ashe rediyo ne. Ya fito da wani ƙamus mai kauri wanda bangonsa ya tafi tuntuni, Inna ta ɗinka masa riga da atamfa. Ya nuna mini waɗansu alamomi masu kama da ƙugiya da ƙwarya a kife da ke gaban kowace kalma, waɗanda ni a jami'a na haddace don jarrabawa na watsar. Shi da kansa ya koye su daga shafukan farko na ƙamus ɗin, yana gwadawa da abin da yake ji a labaran rediyo. Ya ce farkon abin, wani tsohon ogansa ne ya yi tuntuɓe da kalma a gaban baƙi, ya dawo ofis ya rufe ƙofa bai ci abinci ba. Tausayinsa ya kama Baba, sai ya gwada sa masa ajami a jawabi na gaba. Mutumin bai ce komai ba, Baba ma bai ce ba. Haka abin ya bi daraktoci har ya iso kan namu.

Ya koya mini ƙa'idojinsa. Baƙin da Turanci ke da shi Hausa ba ta da shi, a ba shi maƙwabcinsa, harshen Oga zai ƙarasa sauran. Wasalin "e" ɗigo ne babba a ƙasa. Inda za a danna murya a ja masa layi. Kada rubutu ya yi girman da na kusa zai gani, kada ya yi ƙanƙantar da Oga zai sunkuya. Fensir kuma a fere shi da reza, don abin feren zamani yana cinye shi. Da na fara gwadawa, kaf ɗina yana kama da lam. Baba ya ce rubutuna kamar kaza ta bi ta kan allo. Na cika littafi guda kafin ya daina tsaki.

Idan mun gaji sai ya ɗauko wani littafin daban, na kalmomin da yake tarawa don jin daɗinsa kawai. Nan ne ake shan dariya. Ya ce in karanta victuals. Na karanta yadda aka rubuta, ya yi ta dariya har da buga cinya, ya ce "bitilz" ake cewa, guzuri ke nan, rabin baƙaƙen zaman banza suke yi kamar wasu ma'aikatan da ya sani. Ya nuna mini borborygmus, wai kukan da ciki ke yi idan yunwa ta taso, ya ce duk ranar taron da ya wuce azahar ana jin sa a ɗakin taro. Akwai defenestration, jefa mutum ta taga.

"Ki duba fa," in ji shi. "Sai da abin ya yi yawa a garinsu har suka ga ya kamata a raɗa masa suna."

Inna daga bakin murhu ta ce, "Saura kaɗan in yi wa ƙamus ɗin nan haka."

Ya kuma rage murya ya nuna mini sesquipedalian, mai son dogayen kalmomi. Ya ce sunan da ya sa wa Oga ke nan a zuciyarsa, amma idan na faɗa bai san ni ba.

Asabar ta uku na kawo masa tsaraba. Na ce, "Baba, ka san petrichor?" Ya buɗe ƙamus ya duba, ya sake dubawa, babu. Na ce ƙamshin da ƙasa ke yi ne idan ruwan farko ya sauka. Ya ce, "Ashe su ma suna jin sa." Ya sa na danna masa wayar sau uku yana kasa kunne, sannan ya rubuta da ajaminsa mai kyau. Ranar har bakin titi ya rako ni.

A Asabar ta ƙarshe ne na tambaye shi wacce ya fi so duk cikin littafin. Bai buɗe ba, don ya san inda take. Ya ce amanuensis. Ya furta ta a hankali, gaɓa biyar, yana danna ta huɗun.

"Mutumin da yake rubuta wa wani maganarsa. Bakin na wani, hannun nasa. Ranar da na tsince ta, na ce ashe aikin nan nawa yana da suna, ba taifis kawai ba." Ya yi 'yar dariya. "Na yi ta jira wani mai rubuta jawabi ya sako ta, in sa mata wasali ko sau ɗaya. Ba ta taɓa zuwa ba. Me zai kawo ta jawabin gwamnati?"

Na dawo gida da maganar nan a raina. Jawabi na uku shi ne zai yanke ko in zauna a hawa na uku ko in koma ƙasan bene. Hanya mafi aminci ita ce in zuba kalmomi masu ɗan nauyi waɗanda Oga ya saba da su, ya ji nama, ba tuntuɓe. Na fara hakan, na yi shafi guda, na goge. Na rubuta jawabi da Turanci mai sauƙi, irin wanda masinja da mai shara za su gane, tunda su ma za a sallami nasu. Kalma mai wuya guda ɗaya tak na sa, a sakin layin da ya shafi Baba. Na fere fensir da reza har na yanke yatsa. Sau bakwai ina rubutawa a wata takardar kafin na yarda na ɗora a kan ta gaske.

Oga ya karɓa ranar da safe, ya duba shafin farko, ya ɓata fuska.

"Malama, ina naman?"

"Tsoka ɗaya ce, Yallaɓai. Tana shafi na uku."

Ya buɗe. Na ga idonsa ya tsaya a kan fensirin, ya sauka gindin shafi inda na sa ma'ana. Ya ɗago ya dube ni, ya daɗe. Sannan ya rufe jakar.

A ɗakin taron ma'aikata aka yi walimar, da lemo da shinkafa a 'yan robobi. Masu ritaya su shida suna layin gaba. Baba ya sha sabuwar shadda ruwan toka, Inna tana bayansa da gwaggwaro. Ni ina jikin bango, cikina yana ta borborygmus, ba kuma na yunwa ba.

Oga ya bi su ɗaya bayan ɗaya, ana tafi. Da ya zo kan Baba sai ya rage sauri. Ya ce ga mutumin da takardar ma'aikata ta kira mai buga takardu. Ya ce amma akwai sunan da ya fi dacewa da shi. Ya tsaya. Ya kai ido kan takardar, ya ɗago, ya dubi Baba kai tsaye, ya faɗe ta gaɓa biyar cif, ya danna ta huɗun: amanuensis.

Mutane suka kalli juna yadda Oga yake so. Sai ya ajiye takardar ya juya harshe zuwa Hausa, abin da bai taɓa yi a taro ba. Ya ce, "Wato bakin nawa ne, hannun nasa ne." Aka yi tafi, yawancinsu sun ɗauka buga takardu yake nufi. A cikin ma'aikatan, mu uku ne kawai muka san abin da ya faɗa. Baba bai tafa ba. Ya cire gilashinsa yana ta goge shi da bakin riga, ya goge, ya sake gogewa. Ni dai kuka na yi sosai, ban ɓoye ba.

Bayan an tashi ana ta hotuna, Baba ya yafito ni. "Kawo takardar in gani."

Na karɓo daga hannun abokiyar zamana, wadda ta miƙo mini da hannu biyu tana cewa, "Kai ma ka iya? Tun yaushe?" Baba ya mai da gilashinsa, ya buɗe shafi na uku, ya kusanto da shi fuskarsa. Ya daɗe yana kallon kalmar da ya jira shekara da shekaru. Sannan ya laluba aljihu ya fito da guntun fensirinsa.

"Kin manta ɗauri a kan nun na biyu. Allah ya taimake ki mutumin ya san hanya."

Ya ɗora ɗan da'irar a wurinta, a hankali, harshensa a tsakanin haƙora. Ya hure takardar. Daidai nan Oga ya zo wucewa da jama'arsa, ya ɗan tsaya ya ce mini, "Akwai jawabi ran Laraba. A bar fili tsakanin layukan." Ya wuce.

Na juyo in gaya wa Baba cewa na tsira daga rajista, sai na ga ya ninke shafi na uku yana sawa a aljihun gaban rigarsa. Ya ce wannan shi zai riƙe. Ya kamo hannuna ya sa mini fensirin a ciki, guntu ne bai kai tsawon ɗan yatsana ba, duk jikinsa shatin haƙori.

"Da reza," in ji shi. "Kada ki sa shi a injin feren nan."